Shaidar da na riƙe kwana ashirin da shida

Ba a gayyace ni ba. Wannan nake so a fara sani. Shekara talatin bango ɗaya ne tsakanina da maƙwabciyata a unguwar Jarwal, nan ƙasa mai tsarki, mota ɗaya ta kwaso mu ta Sudan, amma ranar da za a shafa wa 'yarta Fatiha sai ta rufe ƙofa, wai bakina ba ya riƙe magana.

Mijin ɗan Hausawa ne haifaffen nan, yana da takardar ƙasa, yana aiki a otal. Ita yarinyar ba 'yar ƙasa ba ce, kuma ɗan ƙasa ba ya auren baƙuwa sai hukuma ta ba shi izini. Ya ce izinin yana hanya, a ɗaura a gida irin namu, takarda ta biyo baya. Haka muke yi tun da can: malami, dabino, shaidu biyu, khalas.

Ina saman soro ina shanya bayan La'asar na ga sun shiga. Na ga malamin, wani mai ɗingishi da ke sayar da asuwaki a unguwar Tandabawi. Na ga angon da farar jallabiya, da katan ɗin dabino a kafaɗa. Tawa 'yar tana ƙasa tana wanke-wanke, ta girmi amaryar da shekara takwas, ko sallama namiji bai taɓa yi mata ba. Na matse zanen da ke hannuna har yatsuna suka yi ciwo.

Wata bakwai angon yana zuwa yana fita. Da ciki ya bayyana sai ya ɗauke ƙafa. Uwar da 'yar suka kai ƙara cewa ya yaudari yarinyar da alkawarin takarda. A gaban alƙali ya rantse bai san ta ba, ba aure, ba alkawari. Shaidun biyu ba su da igama, takardar zama a ƙasar, wa zai kai kansa kotu? Aka sallame shi. Aka ce suna da kwana talatin su ɗaukaka ƙara, in ba haka ba magana ta mutu, ɗan cikin ba shi da uba, ita kuma Allah kaɗai ya san sunan da za a kira ta da shi.

Ba zan yi ƙarya ba, ranar na ci abinci da daɗi.

Maƙwabciyar ta shigo da mayafi a karkace. "Yaya, an ce kina sama ranar ɗaurin auren."

"Wa ya ce? Ai ni ba na riƙe magana. Da na gani da duk Jarwal ta ji."

"Yaya, don Allah. Ke kina da igama."

"Yanzu kika san ina da ita?"

Ta fita. Ta dawo bayan sati, na ce ƙafata ke ciwo. Abin da ya fi ci mini rai, kullum da hantsi ina jin su ta bango, uwar tana tsefe wa 'yar kai, suna hira ƙasa-ƙasa, wani lokacin har da dariya. Cikin wannan masifa! Ni da tawa muna wuni ba mu haɗa kalma goma ba.

Rana ta ashirin da shida 'yata ta ajiye mini shayi, ta tsaya a kaina.

"Inna, da ni ce fa?"

"Ke wa ya zo miki?"

Ban san maganar ta fita ba sai da ta fita. Ba ta yi kuka ba. Ta ɗauko abayata ta ɗora mini a cinya, ta koma kicin.

Na je. Lauya ya rubuta abin da na gani, na dangwala yatsa. Na kai su har rumfar malamin, ya yi ta kame-kame, na ce masa, "Malam, ɗingishinka na gani, da ƙafar hagu ka shiga." Shi yana da takarda, tsoro ne kawai. Ya bi mu.

Kotun sama ta mayar da shari'ar a sake ji. Da mutumin ya ga malamin a zaune, ya amsa auren, kuma a zaman nan ya sake ta. Amma yaron ya samu sunan uba.

Ranar suna 'yata ce ta wuni da jaririn a hannu, sai an zo shayarwa take bayarwa. Maƙwabciyar tana ta cewa, "Ga Yaya, ita ta tsaya mana." Ni kuwa ina kallon jikan da ba nawa ba, ina tunanin ko sakakkiya ma ta fi mu.