Fuskar da Baba Ya Ba da Aro

Shekarata tara lokacin da masu majigi suka ɗauki hoton Baba. A Gwandu muke, kuma har daga Maruda da Dalijan ake zuwa gidanmu neman irin gero, don kowa ya san ƙwaro ba ya kwana a rumbun Baba. Su kuwa fim suke shiryawa na koyar da adana hatsi, da manomi mai hankali da manomi sakarai. Suka gan shi a kasuwar Kalgo, fuskarsa ta yi musu, suka ba shi sakaran. Baba bai iya ce wa baƙo a'a ba. Ya tsaya gaban ruɓaɓɓen rumbun da ba nasa ba, ya ɗebo gero duk ƙwari, ya ɗora hannu a ka.

Da kaka ta yi, aka yi shela gobe za a haska fim ɗin. Ranar Baba bai taɓa tuwo ba. Ni kuwa ina ta lissafin mutanen da za su hallara.

Bayan magariba muka kewaye wutar kara a ƙofar ɗakin Inna, mahaifiyarsa. Ɗan farinta ne, ba ta kiran sunansa, balle ta yi masa faɗa a gabanmu. Sai dai ranar ta ɗaga murya fiye da kullum, shi kuma yana zaune bayan zana.

"Ku matso, ga ta nan ta iso," in ji ta.

Wai wani masaƙi ne baƙo ya sauka gidansa, ya ce ya ara masa fuskarsa ya shiga kasuwa, tasa ta yi datti. Masaƙi ya ji kunya, ya cire ya ba shi. Baƙo ya je ya kwashe goron mutane, ya zagi dattawa, ya dawo da fuskar da yamma har da godiya. Washegari masaƙi ya kai zanensa kasuwa, ba wanda ya taya.

Na ce, "Inna, bai gaya musu aro ya bayar ba?"

"Ya hwaɗi, ɗiyata. Wa za shi ji? Sun ga huskar."

Muka jira ƙarashen, ta tura kara cikin wuta ta ce ta ƙare ke nan. Tsoro ya kama ni sosai.

Aka haska. Mutane suka yi dariya har da riƙe ciki. Da shuka ta zo, mutum biyu kawai suka zo neman iri, su ma sai da suka leƙa rumbun.

Na yi shekara talatin ina shirya finafinan rayuwar mutane. Ban taɓa fitar da ko ɗaya ba sai masu fuskokin sun zauna sun gani sun yarda, har abokan aikina suna cewa na cika tsoro. Gaskiyarsu. Fim ɗina na farko a kan manoman gero ne, na kawo shi Gwandu don Baba ya gani. Ya sa babbar rigarsa, ya raka ni har bakin filin da za a haska, ya sa mini albarka, ya juya gida.