Numfashi Goma a Akwatin Irmtraud

Shekara talatin da ɗaya Irmtraud Pohlke ta yi cikin wani akwati a bakin dandalin gidan wasan kwaikwayon garinsu, 'yan kallo ba sa ganinta. Littafin wasa take riƙewa, in ɗan wasa ya manta maganarsa ta raɗa masa. Irin aikin nan ne da in ka iya shi ba wanda zai san kana duniya.

Ba shi ta fito nema ba. Tare suka koyi wasa da Roswitha Ahlers, ɗakinsu ɗaya, tukunyar dankalinsu ɗaya. Roswitha ta tafi Berlin, fuskarta ta cika silima da talabijin. Irmtraud kuwa muryarta ba ta kai kujerun baya, sai aka sauke ta akwati.

Da tsufa ya zo, masu fim suka daina kira, Roswitha ta dawo dandalin gida. Kanta ya fara yoyo, maganganun wasa na zube mata, Irmtraud ke toshewa.

Al'adarsu ce ranar buɗe sabon wasa kowa ya rungumi ɗan'uwansa, ya yi tofi uku ta kafaɗarsa ta hagu don neman sa'a. A wata irin wannan rana Roswitha ta bi kowa, har mai jan labule, ta wuce Irmtraud kamar turke. Abin ya ci mata rai.

Ana tsakiyar wasa Roswitha ta tsaya cak, ta dubi akwati. Yatsan Irmtraud na kan maganar a littafi. Ta ce a ranta, bari tauraruwa ta ɗanɗana. Numfashi goma kacal ta yi shiru. Wani ya fashe da dariya, Roswitha ta juya ta fice, ba ta ƙara taka dandali ba. Daga baya likita ya ce ciwon mantuwa ne. Ashe wuce Irmtraud da ta yi ranar ba wulaƙanci ba ne, fuskar ƙawarta ce ta ɓace mata.

Tun ranar Irmtraud ba ta yafe wa kanta ba. Duk Lahadi tana kai kek ɗin tuffa gidan tsofaffin da aka kai Roswitha, da niyyar yau sai ta faɗi gaskiya.

"Rosi, ranar nan da kika tsaya..."

"Ke dai Irmi, har yau kek ɗinki kamar tafin takalmi," in ji Roswitha tana ci. Ta ɗauko wani zance ta kakare, idonta ya sauka ƙasa yana neman akwati. Irmtraud ta ƙarasa mata.

Roswitha ta damƙe hannunta. "Kin gani? Kowa ya yar da ni ban da ke. Ke kam ba ki taɓa barina na ji kunya ba."

Irmtraud ta sunkuya ta ƙara yanka mata.