Littafin Tsohon Direba da Na Bari Aka Ƙone

A shekarun da aka fara maganar Shari'a a jiharmu ina koyarwa a wata firamare a kan hanyar Zango, ina kwana a gidanmu a cikin Daura. Shekaruna ashirin da uku, ba aure, ba nauyin kowa, sai keke da yawan karatu. Karatun ma ba na jarrabawa ba ne. Ni dai a ba ni labarin wanda ya bar gida ya tafi neman wani abu, ya sha wuya a hanya, ya dawo ba yadda ya tafi ba.

Wanda ya saba mini da wannan wani dattijo ne a bayan layinmu, abokin kawuna, tsohon direban babbar mota. Ya daɗe yana ɗaukar kaya ta Mai'adua zuwa Damagaram har gaba, sai da mota ta faɗi da shi ta lalata masa ƙugu sannan ya ajiye tuƙi. Baba muke ce masa. A zaurensa akwai akwatunan ƙarfe biyu cike da littattafan da ya tara a tashoshin mota. Kyauta yake ba da aro, sharaɗinsa ɗaya ne, in ka dawo da littafi ka zauna ka faɗa masa abin da ka gani a ciki.

Babu irin wanda babu a akwatunan nan. Akwai na mutanen da suka tafi Makka a ƙasa, na malaman da suka bi gari gari neman ilimi, na sojan da ya ɓace a daji bayan yaƙi, na ɗan sarkin da aka aika ya ɗebo ruwan wata rijiya a ƙasar aljannu. Akwai na Turanci masu jiragen ruwa, akwai kuma na soyayya, inda ake gindaya wa saurayi sharuɗɗa kafin a ba shi mata. Duk na cinye su. In na zo bayar da bayani sai in yi ta cika baki, in ce da ni ne wane da ban gudu ba, da ni ne wane da na faɗi gaskiya ko za a yanka ni. Baba ya yi murmushi kawai ya miƙo mini wani.

Akwai guda ɗaya da ba ya ba kowa. Da hannunsa ya rubuta shi a littafin makaranta, rabi da ajami rabi da boko. A wata shekarar fari ƙanensa ya kora shanu arewa bai dawo ba, Baba ya bi sawunsa kusan shekara guda, wani wuri a mota wani wuri a ƙasa, har ya kai wata ruga inda aka nuna masa kabarinsa. Duk ya rubuta: rijiyoyin da ya sha, mutanen da suka sauke shi, sunan rugar da alamar kabarin. Da bangon littafin ya yage, sai ya ɗinka masa bangon wani littafin soyayya da ya wargaje, mai hoton budurwa ba ɗankwali. Ni ya yarda ya ba ni shi na kwana uku.

A lokacin ne samarin unguwarmu suka kafa kwamitin gyaran tarbiyya. Ba hukuma ce ta kafa shi ba, mu ne da kanmu. Shugaban ɗan ajinmu ne tun firamare, mai zafi amma mai gaskiya, kuma an yi abubuwan kirki, an tashi 'yan caca daga bayan makaranta, an sasanta maƙwabta. Ni aka ba magatakarda saboda rubutuna. Na ji daɗin sunan ƙwarai. Ban taɓa gaya musu ina zuwa zauren Baba ba, don na ji yadda suke maganar littattafan hira.

Sai wani magidanci ya kawo ƙara, ya kama 'yarsa da littafin soyayya, ta ce daga zauren tsohon direba ya fito. Ranar Asabar da hantsi muka tafi mu bakwai. 

Muka tarar da Baba a kan tabarma yana jin rediyo. Da ya gan ni a cikinsu sai fuskarsa ta saki. Shugaban ya gaishe shi da ladabi ya faɗi abin da ya kawo mu. Baba ya nuna akwatunan ya ce a buɗe, ba abin ɓoyewa, ga ma wanda ya fi shi sanin abin da ke ciki a tare da su, su tambaye shi. Duk suka juyo suka dube ni.

Shugaban ya ce, "Malam, ashe ka san su?"

Na ce, "A'a. Wucewa dai nake yi in gaishe shi."

Baba ya dube ni, sannan ya kashe rediyonsa ya sunkuyar da kai.

Da yake ni ne ɗan boko, ni aka sa in ware. Duk mai hoton mace ko kalmar soyayya a bango a ajiye shi hagu. Na durƙusa ina warewa kamar ban taɓa ganinsu ba, alhali na san har shafin da ya yage a kowanne. Can ƙasan akwati na biyu hannuna ya kai kan na Baba. Abin da ake bukata kaɗan ne, in buɗe shi in nuna musu ajamin. Amma sai na ga in na buɗe shi kai tsaye za a gane na san shi. Na riƙe shi ina juyawa, ina cewa a raina zan zame da shi daga baya. Wani a bayana ya ce wannan ai ba sai an duba ba, ya fizge shi ya jefa hagu.

Baba ya ɗago ya ce, "Wannan nawa ne."

Shugaban bai gane ba. Ya ce ai duka nasa ne, ya yi haƙuri, don amfanin 'ya'yanmu ake yi. Baba ni kawai yake kallo, ni kuwa na zuba ido a cikin akwati.

A bolar bayan layi aka zuba musu kananzir. Wani ya miƙo mini sanda ya ce in riƙa juyawa don su ci sosai, na karɓa na juya.

Da labari ya kai ga limamin unguwa ya kira mu ya yi mana faɗa mai zafi. Ya tambayi wa ya ba mu izinin shiga zauren dattijo, wa kuma ya karanta littattafan kafin a yanke musu hukunci. Nan ma na ɓoye cewa ni na karanta su. Kwamitin bai daɗe ba bayan haka. Ni kuwa wata huɗu ban bi ta layin Baba ba, sai in zagaya ta kasuwa da kekena ko da zan makara. Karatu ma ya fita raina, in na buɗe littafi na ga jarumi sai in rufe.

Rannan kawuna ya ce Baba na nemana, in tafi da biro da sabon littafin rubutu. Na tafi da jawabin ban haƙuri da na tsara a hanya, amma ban samu bakin farawa ba. Baba ya ce in zauna, idonsa ya yi rauni, hannunsa na rawa, ni ne na karanta littafin nasa da aka ƙone, ni zan tuna masa inda ya manta.

Muka riƙa zama Asabar da Lahadi bayan la'asar, yana faɗa ina rubutawa. Nan wata kunyar ta same ni. Ya manta jerin garuruwan, ya manta sunayen rijiyoyi, in ya tambaye ni sai in rasa, domin lokacin da na karanta wuraren tashin hankali nake bi, ina tsallake sunaye. Da muka zo kan rugar da ƙanensa yake kwance, ya faɗi suna, ya ce a'a, ya faɗi wani, ya sake faɗin na uku. Ya daɗe yana murza goshi. Daga ƙarshe ya ce in rubuta duka ukun.

A ranar ne na ajiye biro na ce, "Baba, na yi ƙarya a gabanka, kuma na san littafin nan lokacin da aka jefa shi."

Ya ce, "Ai ina wurin, ɗana. Na yafe maka. Amma ba zan ce maka ban ji ciwo ba."

Da damina ta kama ƙugunsa ya tsananta, 'yarsa ta zo ta tafi da shi Dutsi, can ya rasu shekarar da ta biyo. Ba mu kai ga rubuta yadda ya dawo gida daga neman ƙanensa ba.

Bayan sadakar bakwai na kai littafin wa babban ɗan ƙanen nasa, wani mai sayar da dabbobi wanda ya daɗe yana son ya je ya ga kabarin mahaifinsa. Ya buɗe ya ga sunaye uku, ya tambaye ni wanne ne. Na ce ban sani ba. Ya ce to ina tsohon littafin, ai ya san akwai shi. Na gaya masa duk yadda aka yi, har da sandar. Ya saurara har na gama, ya sa littafin a aljihun rigarsa, ya yi mini godiyar rubutu. Daga baya na ji ya je biyu daga cikin wuraren bai sami wanda ya tuna da maganar ba. Na ukun ban sani ba ko ya je, ban kuma iya tambayarsa ba, ko da yake muna haɗuwa a kasuwar Mai'adua mu gaisa.