Ruwan da Ba Ya Jiran Damina

Taɓo ya kai mini cinya, buhun takalma a kaina, ruwa kuma yana tahowa ta bayana kamar an buɗe famfo. Ku tsaya ku ji yadda aka yi.

Aikin kamfanin jima a Challawa ne ya ishe ni, ga wari ga ihun foman. Na ajiye, na sari takalman fata, na bi motar kaya zuwa Fatakwal, don an ce akwai wani tsibiri da ma'aikatan jirgin ruwa ke saye ba tayi. Mun tashi da asuba a kwalekwale mai inji, ni da mata masu kifi. Tun a nan mai jirgin bai kwanta mini ba. Ido ja, ba magana, sai kallon buhuna.

Muka shiga wani matsattsen lungun ruwa, itatuwa hagu da dama, saiwoyinsu duk a waje. Can sai ya kashe inji, ya ɗaure jirgi a reshe, ya kunna taba. Ruwa na ta janyewa har jirgi ya zauna a ƙasa. Na ce shi ke nan, nan ya shirya da abokansa su ƙwace mini kaya.

Wata dattijuwa da ta taɓa zama a Sabon Gari ta ce, "Ɗan Kano, zauna. Ruwa ya tafi, zai dawo."

Na ce, "Yaushe, Mama? Da damina?"

Ta fassara musu, suka kwashe da dariya. Sai na ce bakinsu ɗaya. Ni na san kogin Challawa, in ya ƙafe a ƙafa muke ratsa shi. Na sungumi buhu na dire.

Ashe ba yashi ba ne. Ina ciro wannan ƙafa, waccan na nutsewa. Suna kirana, ina ƙara gaba, har na maƙale gaba ɗaya. Na daɗe a haka, sai ga ruwa. Ƙugu, ciki, ƙirji, gishiri a baki. Na fara salati.

Da jirgi ya taso, mai jirgin ya turo shi da gora. Buhun ya fara karɓa, sannan ni. Dattijuwar ta ce don nauyi ne. To, wataƙila. Amma washegari a tsibirin na gan shi da sabon takalmi irin nawa sak. Na kau da kai, don shi zai mayar da ni ta lungun nan. Da ya sake kashe inji kuwa, ko motsi ban yi ba.

A tashar Fatakwal na samu direban da zai riga ni isa unguwarmu Panshekara, na ba shi saƙo:

"Ka ce wa Yaya ya roƙi foman ya riƙe mini gurbina, ina tafe. Warin jima ya fi mini. Ka ce wa Inna lafiyata ƙalau, zancen ruwa kada ka yi mata. In ta ji, ko rijiya ba za ta sake barina in leƙa ba."