Furera Biyu a Fayil Ɗaya

Ranar Litinin, 13 ga Mayu, 2024, ƙarfe bakwai saura kwata, 'yata Furera ta biyo ta gidana a Ƙofar Durbi kamar kullum. Ta gaida mahaifiyarta, ta tambaye ni ko na sha maganin hawan jini. Na ce na sha. Ba ta yarda ba, ta tsaya har na haɗiye. Ƙarfe takwas tana ofis. Aikinta a ma'aikatar gona gwajin iri ne: ta jera ƙwayar gero ɗari a kan jiƙaƙƙen ƙyalle, bayan kwanaki ta duba nawa suka tsiro, kafin a raba wa manoma. Shekara ashirin da tara tana wannan. Ƙarfe sha ɗaya ta mayar da buhu shida na dawa, ta ce rabinsu ba za su fito ba. Bayan azahar ta ci ɗanwake da abokan aikinta. Uku da rabi masinja ya miƙo mata ambulan.

Takardar ta ce kwamitin tantance ma'aikata ya gano a Afrilun 1964 aka haife ta, ba 1972 ba. Wai ta cika sittin, shekarun ritaya, ta rage shekarunta da gangan, ta miƙa makullai. Ba wanda ya kira ta ya ji ta bakinta.

Laifin nawa ne. A 1964 aka haifa mini 'yar fari, na sa mata sunan mahaifiyata, Furera. Wata biyar ta yi a duniya. Bayan shekara takwas Allah ya sake ba mu mace, na mayar da sunan, kamar yadda ake yi a gidajenmu don kada sunan uwa ya ɓace. Shi ya sa ban taɓa kiranta da shi ba, Ummi nake ce mata. Takardun haihuwar su biyu a ambulan ɗaya na ajiye, kuma ranar da za ta kama aiki ambulan ɗin na ba ta gaba ɗaya. Akawu ya zuba duka a fayil. Ni da na yi jami'a, na shekara talatin ina gyara wa ɗalibai rubutu, ban leƙa ciki ba.

Washegari da safe ɗana Muttaka, wanda ya girme ta da shekara huɗu, ya shigo ya same ta a tsakar gida. Ya durƙusa har ƙasa.

"Ina kwana, Yaya Furera? Ashe duk shekarun nan ke ce babba kika bar ni ina aikenki."

"Yaya Muttaka, don Allah ka rabu da ni."

"A'a, gwamnati ta faɗa. Baba, sai a sake rabon nama."

Ta yi dariya, sannan ta juyo gare ni. "Baba, ba aikin ke damuna ba. Maƙaryaciya suka ce. Ko a tsaye ne su tambaye ni."

Sau uku ta rubuta tana neman a saurare ta, ba amsa. Sai wata lauya ta kai maganar kotu. A Nuwamba alƙali ya ce ba shi zai faɗi shekarunta ba, amma ba a yanke wa ma'aikaci hukunci a bayan idonsa. Ya soke takardar, ya ce kwamiti ya zauna da ita.

Sun zauna a Fabrairu. A lokacin ciwon ƙoda ya fara cinta, ƙafafunta sun kumbura, amma ta ce ita za ta yi magana da bakinta. Ta ajiye musu kwafin takardun haihuwar nan biyu, da rajistar firamare da ta nuna ta shiga aji ɗaya a 1978, da takardar haihuwar Muttaka. Shugaban kwamitin ya dube ni.

"Malam Mamman, wannan ta 1964 ɗin tana ina?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, da hannuna na sa ta a kabari."

Ya cire tabarau, ya yi mata addu'a, sauran suka shafa. Zaman bai kai minti arba'in ba. Wata tara muka yi muna neman minti arba'in ɗin nan.

A Maris ta koma aiki da takardar da ta wanke ta. Ta gwada irin daminar nan duka, a zaune. Ranar 9 ga Yuli, da hantsi, Allah ya karɓi abarsa. Ina kewarta ƙwarai. Amma idan na tuna cewa kuskurena ya kusa raka ta kabari da sunan maƙaryaciya, kuma bai raka ta ba, sai in ji numfashina ya sauka.

Bayan addu'ar bakwai mata suka raba kayanta. Atamfofi aka ba ƙannen mijinta da maƙwabta. Keken ɗinkin ya tafi wurin 'yarta Madina. Daga ofis aka aiko kwali: sallaya, takalmin roba, kofin shayi da ya tsage a baki. Mahaifiyarta ta ɗauki sallayar. Takalmin bai yi wa kowa ba, na ba matar da ke mana wanke-wanke.