Fuskar da Baba Isuhu Bai Ƙarasa Ba

Ina cikin aji a Madawa, da alli a hannuna, aka kira ni a waya aka ce Baba Isuhu mai zane ya rasu. Babbar mota ce ta buge shi a kan babur, tsakanin Keita da Buza. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na ce wa mai kiran ƙarya yake yi. Me zai kai dattijo mai ciwon gwiwa Keita a kan babur?

Shi ya koya mini zane tun ina yarinya. Da allunan masu aski ya fara, daga baya ya koma zana mutanen Adar a kan yadi: masu cirar albasa, mata ɗauke da duwatsu a ka. Amma duk ta baya yake zana su. Tun da ya dawo daga Makka ya bar zana fuska, ya ce zuciyarsa ba ta kwanta da abin ba. In an dame shi sai ya ce, "Ku dubi tsayuwatai, ai kun san ko wane na." Kuma wallahi mukan gane mutumin.

Mahaifiyata ta rasu ina shekara huɗu, ba ta bar hoto ko ɗaya ba. Baba Isuhu ya san ta, garinsu ɗaya. Bara na roƙe shi ya zana mini ita, har da fuska, ko sau ɗaya in ga wadda ta haife ni. Sai ya ce, "Ɗiyata, kin aza min dutsi. Amma don ke ni yi."

Shekara ta zagayo. Juma'ar da ta wuce na je, na tarar ya gama zani da kallabi da hannuwa, wurin fuska kuwa fari fat. Ni mai saurin fushi ce, kowa ya sani. Na ce masa in ba zai iya ba ya daina ja mini rai. Na fita ko sallama ban yi masa ba.

A wurin zaman makoki matarsa, Inna Hajo, ta ja ni ɗaki. Ta ce, "Mance huskar mahaihiyarki ya yi, ɗiyata, kunya ta hana shi gaya miki. An ce mai ƙanwatta na nan Keita, sun yi kama. Ita yat tahi gani."

Na zauna a ƙasa. Har yau ban iya ɗaga ido na dubi yadin nan ba.

Ya Allah, Ka jiƙan Baba Isuhu, Ka haskaka kabarinsa. In akwai laifi a abin da ya ɗauko saboda ni, kada Ka tambaye shi, ni na sa shi. Ka ba Inna Hajo da 'ya'yansa haƙurin wannan rashi. Ni kuma Ka yafe mini maganar da na bar shi da ita. Amin.