Gurbin Suna a Takardar Baffa

A duk shekarun da na yi ina aiki, ban taɓa mantawa da Talatar da wani dattijo ya yayyaga takarda a kan teburina ba. Zan ba ku labarin bi da bi, ku da kuka shigo aikin nan yanzu.

Ni mutumin Wurno ne, ƙaramin ma'aikacin lafiya. Da 'yan gudun hijira suka yawaita daga ƙauyukan Rabah da Goronyo, aka ba mu horon 'yan makonni kan jinyar damuwa ta hanyar magana, aka ba ni ɗaki a wani ƙaramin asibiti a ƙasar Goronyo. Matakan aikin uku ne. Na farko, a cike takardar tarihi: wane ne mutum, me ya same shi, wa ya rasa. Na biyu, zama sau ɗaya a mako. Na uku, duk ƙarshen wata shugabarmu, wata ƙwararriya da muke kira Hajiya, takan zo daga Sakkwato ta duba fayil-fayil, ta ji abin da ya gagare mu.

Dattijon zan kira shi Baffa, don sunan mai jinya amana ne. Bafulatani ne, makiyayi. 'Yan bindiga suka kore shanunsa, suka kashe ɗansa da ya bi sawu. Ƙanensa ne ya kawo shi. Ya ce wata biyu ke nan ko fura ba ya sha, kuma sau biyu ana tsinto shi ya nufi dajin da aka kashe yaron shi kaɗai, ko sanda babu. Duk wanda ya yi aikin nan ya san inda irin wannan tafiya take ƙarewa.

A zaman farko na ɗauki biro na ce, "Baffa, mi as sunan marigayin?"

Ya dubi taga ya ce, "An ce albasar bana ta yi kyau."

Na maimaita har sau uku. Ya ce, "Kai yaro, haka anka koya maka gaida manya?"

A zama na biyu na sake tambaya. Ya ƙare mini kallo ya ce, "Likita ba allura, ba ƙwaya, sai tambaya awa ɗan sanda." A na uku na tura masa takardar, na nuna masa gurbin da yatsa, na ce doka ce a cike shi. Ya ɗauka, ya yaga ta gida huɗu, ya ajiye mini a nutse, ya fita. Na ɗauko sabuwa na rubuta: ba ya ba da haɗin kai, ba ya nuna damuwa da mutuwar ɗansa, a rufe fayil.

Ranar Alhamis Hajiya ta zo. Ta karanta, ta cire tabarau, ta yi mini tambaya uku.

Ta farko: "Wa ke kawo shi?"

Na ce tun bayan zaman farko shi kaɗai yake zuwa, da ƙafa, daga wajen Kagara.

Ta ce, "Tsoho, da yunwa, ya tako wannan tafiya duk mako don kawai ya ƙi ka?"

Ta biyu: "Yaron ɗa na nawa ne gare shi?"

Na duba bayanin ƙanen. Babban ɗansa ne. Nan take na tuna gidanmu. Mahaifina har ya koma ga Allah bai taɓa kiran sunan yayana ba, sai dai ya ce "wancan". Kunyar ɗan fari ce, na tashi a cikinta, kuma ta makiyaya ta fi tamu tsanani. Mako uku ina matsa wa uba ya faɗi sunan da bai faɗa ba ko yaron na raye, sannan na rubuta cewa bai damu ba.

Ta uku ta fi zafi: "Mi kake ji a ranka in ya shigo?"

Na ce 'yan bindiga masu jin Fillanci sun kashe ɗan gwaggona a hanyar Rabah, kuma tun lokacin in na ji Fillanci ƙirjina yakan ɗaure.

Ta ce, "Ba laifi ba ne ka ji. Laifin shi ne ka bar shi ya riƙe maka biro. Waɗanda suka kashe naka su suka kashe nasa. Ba zan sa hannu a rufe fayil ɗin nan ba."

Talatar da ta biyo baya na fitar da tebur, na shimfiɗa tabarma, na kulle takardu a durowa. Ƙarfe goma ta yi bai zo ba. Sha ɗaya ta wuce. Na zauna ina tunanin dajin. Ana gab da kiran azahar sai ga sallamarsa.

Na durƙusa na gaishe shi yadda ya kamata, na tambayi gida da gajiya. Na ce, "Baffa, na yi maka rashin kunya. Ka gahwarce ni."

Ya dubi tabarmar ya ce, "Ashe kana da iyaye." Ya zauna.

Na ce, "Cikin shanun, wace ka fi kewa?"

Ya ce wata ja ce, Woɗe. Ya yi mini bayanin ƙahonta, da uwarta, da kakarta. Daga nan muryarsa ta sauka. "Mai kiwonta shi yar rene ta tun tana maraƙa. Ba ta amsa kiran kowa sai nai. Da sunka kore su, ni nic ce mai ya bi ta, za ta ji muryatai ta juyo." Ya maimaita, "Ni nic ce."

Ya jawo malafarsa ya rufe fuska. Bakina ya cika da maganganun haƙuri, na haɗiye su duka. Ban dube shi ba, tabarma na duba, har ya gama. Da ya ɗago ya ce, "Mai hurar nan ta bakin ƙohwa, tana nan?" Na je na karɓo. Ya sha rabi.

Bai warke a ranar ba, kada wani ya ce muku haka ake yi. Mun yi watanni. Wani makon ya yi mini ba'a, wani makon mu zauna shiru. Amma bai sake nufar dajin ba.

Ga abin da na koya. Wanda yake zagin ka kuma yake dawowa, nema yake ya ga ko za ka iya ɗaukar abin da ya ɗauko. Kafin ka rubuta cewa mutum ya ƙi, duba yadda ka tambaya, ka duba abin da ka shigo da shi ɗakin a ranka.

Ranar da aka sallami Baffa, Hajiya ta ga gurbin sunan marigayi babu komai, ta sa hannu haka nan. Har yau ban san sunan yaron ba. Sunan saniyarsa na sani.